Shehu Abdullahi: Ɗan Sakkwato da ya tsare bayan Najeriya a Rasha

A nan Tanda da Gaya, duk filin da ka je da la'asar za ka tarar yara na jayayya a kan wa zai tsaya gaba. Baya kuwa sai wanda aka tura. Shi ya sa a wannan karon muka ɗauko tarihin wani ɗan wasan baya na kusa da mu, ɗan Sakkwato. Idan ka bi ta Kamba ka wuce Birnin Kebbi, ai ka kusa garinsu.

An haifi Shehu Abdullahi ranar 12 ga Maris 1993. Bai fito daga wata makarantar ƙwallo ta Turai ba, a gasar gida ya yi suna. Ya ɗan taɓa Plateau United ta Jos, sannan a 2012 ya koma Kano Pillars, masu kirarin "Sai Masu Gida". Ya zo a sa'a, domin Pillars ta ɗauki kofin Najeriya a 2012 da 2013 yana cikinta. A lokacin an fi saninsa da wasan tsakiya, mai tare hanya a gaban 'yan baya. Daga baya ne masu horarwa suka riƙa sa shi a gefen dama, wurin da mu ke cewa lamba biyu. Wannan iya tsayawa wuri biyu ko uku shi ne jarinsa, kuma a ganinmu shi ya riƙe shi fiye da shekara goma a harkar.

A farkon 2014 marigayi Stephen Keshi ya tafi da shi Afirka ta Kudu gasar CHAN, wadda 'yan wasan da ke bugawa a gida kaɗai ke shiga. Najeriya ta zo ta uku. A shekarar ne ya fita waje, amma ba Ingila ko Faransa ba. Qadsia ta Kuwait ce ta ɗauke shi. Daga nan sai União da Madeira ta Fotugal a 2015, a tsibirin da aka haifi Cristiano Ronaldo. Kulob ɗin ya faɗi daga rukuni na ɗaya a ƙarshen kakar, Shehu ya wuce Anorthosis ta ƙasar Cyprus a 2016.

Shekarar 2016 ɗin ce mutane da yawa suka fara riƙe sunansa, saboda wasannin Olamfik na Brazil. Masu bin rediyo za su tuna yadda tawagar Samson Siasia ta maƙale a Atlanta ta Amurka saboda matsalar jirgi. Sun sauka Manaus sa'o'i kaɗan kafin wasansu na farko, amma suka ci Japan 5 da 4. A wasan neman na uku suka doke Honduras 3 da 2, Sadiq Umar ya ci biyu, Aminu Umar ɗaya. Tagullar da Shehu ya rataya ita kaɗai ce lambar da Najeriya ta samo a wasannin baki ɗaya.

Sai ranar 7 ga Oktoba 2017 a Uyo, wasa da Zambiya. An shiga kashi na biyu ba ci, hankalin kowa a tashe. Shehu ya kutsa ta dama, ya mayar da ƙwallo baya, Alex Iwobi ya zura ta a raga. Wannan ci ɗaya ne ya ba Najeriya tikitin Kofin Duniya na Rasha. Hotunan da aka watsa washegari na Iwobi ne, haka aikin ɗan baya ya gada.

Abin mamaki, a wasan ne kuma aka ba shi katin gargaɗi, wanda ya zama na biyu idan aka haɗa da wanda ya samu tun 2015 a wasa da Swaziland. Doka ta ce kati biyu, sai ka huta wasa ɗaya. Ba a lura ba, aka sa shi a wasan ƙarshe da Aljeriya cikin Nuwamba, aka tashi ɗaya da ɗaya. A Disamba FIFA ta soke sakamakon, ta ba Aljeriya 3 da nema, ta kuma ci tarar hukumar ƙwallon Najeriya kuɗin Suwizalan dubu 6. Allah ya taimaka Najeriya ta riga ta yi nisa a maki, ba ta rasa gurbinta ba. Ƙirga kati aikin masu ofis ne, amma sunan Shehu ne ya cika jaridu.

A Rasha, Gernot Rohr ya fara da shi a wasan farko da Kuroshiya a Kaliningrad. An ci Najeriya 2 da nema. A wasa na gaba da Iceland kocin ya sauya tsari, ya sa 'yan baya uku, ya janyo Victor Moses ya riƙe gefen dama, Ahmed Musa ya ci biyu. Da tsarin ya yi kyau, Shehu bai sake shiga fili ba a gasar. A Kofin Afirka na 2019 a Masar ma ya fara wasan farko da Burundi, sai rauni ya fitar da shi tun kafin a tafi hutun rabin lokaci. Najeriya ta ƙare ta uku.

A ɓangaren kulob, ya koma Bursaspor ta Turkiyya a Janairun 2018. Ƙungiya ce da ta taɓa ɗaukar kofin ƙasar a 2010, amma yana can ta faɗi rukuni na biyu a 2019. A 2020 ya sake komawa Cyprus, wannan karon Omonia ta birnin Nicosia, kuma nan ne ya fi cin moriyar Turai: kofin gasar ƙasa a 2021, kofin ƙalubale a 2022. Bayan ɗan gajeren zama a Levski Sofia ta Bulgeriya, sai ya tattaro ya dawo.

Idan ka lissafa, ƙasashe biyar ke nan a waje, kuma babu ko ɗaya cikin manyan gasannin da mu ke taruwa kallo a gidajen kallo ranar Asabar. Wasu na ganin wannan a matsayin naƙasu. Mu dai ba mu ga haka ba, domin yawancin 'yan Afirka da ke cin abinci da ƙwallo irin wannan hanyar suke bi, har da 'yan Mena namu: kwantiragin shekara ɗaya ko biyu, sabon yare, sabon koci, wani lokaci kulob ya faɗi da kai.

A 2023 Shehu ya sake sa rigar Kano Pillars, yana da shekara 30. A 2024 Ahmed Musa ya biyo shi, su biyun da suka je Rasha tare suka riƙa fitowa a filin Sani Abacha da ke Ƙofar Mata.