Daga Surayya Zuwa Ɗan Gajimaren As-Sufi

 

Ya 'yan'uwa, wasu ɗalibanmu da sun ji an ambaci taurari sai su ja da baya, wai duba ne. Malamai tuni suka raba abin biyu. Akwai ilmut ta'asir, wato jingina arziki da tsiya ga tauraro, wannan haramun ne. Akwai kuma ilmut tasyir, sanin tafiyar taurari don gane alƙibla da lokaci da hanya, wannan Suratun Nahli da kanta ta lissafa shi cikin ni'imomin Allah. A na biyun muke magana.

Mu fara da wadda kowa ya sani, Kaza da 'ya'yanta, wadda Larabawa ke cewa Surayya. Ita ce ta uku cikin manzilolin wata 28, kuma an ruwaito daga Mujahid cewa ita ce tauraron da aka yi rantsuwa da shi a farkon Suratun Najmi. Fataken da suka riƙa tasowa daga Kano da kanwa da tufafi, su bi ta Nikki da Parakou da Djougou (tsofaffi Zugu suke cewa) har Salaga a ƙasar Gwanja neman goro, da rani suke tafiya, lokacin da Kaza ke saman kansu a kowane zango. Manomi kuwa ya san in ta ɓace a yamma, damina ta kusa. Ido yakan ƙirga shida ko bakwai a cikinta. A 1610 Galileo na Italiya ya ɗora mata madubin hangen nesa, ya zana 36. Yau an san sun haura 1,000, curi guda ne da aka haifa tare, nisansu kusan shekarar haske 440. Shekarar haske ita ce tafiyar da haske ke yi a shekara guda, alhali yana cin kilomita 300,000 a daƙiƙa ɗaya. Parakou zuwa Djougou ba ta kai masa ko kashi ɗaya cikin dubu na daƙiƙa ba.

Wanda muke so ku riƙe sunansa shi ne Abdurrahman as-Sufi, Allah Ya jiƙansa. An haife shi a Rayyu, ƙasar Farisa, a 903, ya rasu a 986. Ya yi aiki a fadar sarki Adudud Daula, kuma wajen 964, wato 353 bayan Hijira, ya kammala littafinsa Suwarul Kawakibis Sabita. Ya ɗauko siffofin taurari 48 na Batlamiyus, masanin Iskandariyya, amma bai kwafe ya yi shiru ba. Ya bi su da idonsa, ya gyara ma'aunin hasken da ya ga an yi kuskure a kai, ya ƙara sunayen da Larabawan daji ke kiransu da su. Wannan kuwa ita ce tarbiyyar masu hadisi: ka karɓi riwaya, sannan ka bincika ta.

A cikin siffar da ake kira al-Mar'atul Musalsala, Turawa su ce Andoromeda, ya lura da wani ɗan tabo mai kama da gajimare, ba ya ƙyalli irin na tauraro kuma iska ba ta kore shi. Ya rubuta shi, ya sa masa alama a zane. Wannan shi ne rubutu mafi tsufa da ya iso mana a kan abin. Bai ce ya san ko mene ne ba, abin da ido ya gani ya faɗa ya tsaya. Shi ya sa ba mu tare da masu cewa magabatanmu sun riga sun gano kome. Wannan zuzutawa tana rage wa mutum irin as-Sufi daraja, don gaskiyar abin da ya yi ta ishe shi.

Sai bayan shekara fiye da 600, a 1612, Bajamushe Simon Marius ya kalli tabon da madubi. Sannan Charles Messier na Faransa, mai farautar taurari masu wutsiya, da irin waɗannan tabunan suka yi ta ruɗinsa, ya jera su don kada su ƙara ɓata masa lokaci. Jerinsa na 1781 yana da abu 103. Gajimaren as-Sufi ne na 31, Surayya ta 45. Abin dariya, yau da wannan jerin aka san shi.

Gardama ta daɗe: tabon nan hayaƙi ne a cikin namu garken taurari, wanda Larabawa ke kira Majarra, farin zanen nan da ke ratsa sama, ko kuwa wani garke ne daban? A 1912 wata Ba'amurkiya, Henrietta Leavitt, ta nuna cewa akwai taurarin da haskensu ke ƙaruwa yana raguwa a kan ƙa'ida, kuma tsawon zagayen yana faɗin ainihin ƙarfin haskensu. In ka san ƙarfin fitila, ka ga yadda ta dushe, ka san nisanta. A Oktoban 1923 Edwin Hubble ya sami irin wannan tauraro a cikin tabon, da babban madubin Dutsen Wilson a Kalifoniya. Lissafinsa ya ba da kusan shekarar haske 900,000, wanda ya isa ya fitar da shi daga Majarra. Daga baya aka gyara zuwa miliyan 2.5. Ashe ɗan tabon nan Majarra ce sukutum, mai ɗaruruwan biliyoyin taurari.

Ana ganinsa daga nan, babu madubi. A watan Nuwamba, bayan ruwa ya ɗauke kuma hazon hunturu bai yi kauri ba, a zaɓi daren da babu farin wata, a fita bayan gari inda fitilun lantarki ba su kai ba, kamar awa guda bayan Isha'i. A fuskanci arewa, a nemi taurari biyar masu lanƙwasa kamar haƙoran zarto, su ne Zatul Kursiyyi. A ɗaga kai sama da su, a ba ido minti 15 ya saba da duhu, kuma a kashe waya. In an kalle shi ta gefen ido ya fi fitowa. Kaza kuwa tana gabas a lokacin, tana hawowa.