Makaho da Mafarki: Daga Basra zuwa Zariya da Tamale

A tatsuniyoyi da littattafan almara, da wuya a rasa wani tsohon makaho zaune a gindin bishiya, sarki ya zo masa da mafarki, shi kuwa ya faɗa masa abin da gobe za ta haifa. Labarin ya kama zukata, har wasu sun ɗauka duk wanda Allah ya rufe wa ido, ya buɗe masa gaibu. To jama'a, bari mu tambayi tarihi mu ji.

Mu fara da birnin Basra na ƙasar Iraƙi. A nan Muhammadu Ibn Sirin ya zauna, wanda sunansa ya zama jagora a fassarar mafarki, ya kuma rasu a shekara ta 110 bayan Hijira. Idonsa garau yake, kunne ne ya yi masa nauyi, sana'arsa kuwa sayar da tufafi. Makahon da ke majalisun Basra a lokacin shi ne Ƙatada ɗan Di'ama, wanda aka haifa ba ya gani. Ya ɗauki hadisi wajen Anas ɗan Malik, da Ibn Sirin, da Sa'idu ɗan Musayyib na Madina, wanda shi ma ya shahara da fassarar mafarki. Duk da haka, abin da ya ɗaukaka Ƙatada shi ne ƙarfin hadda da sanin tafsiri.

Ta hanyar Ibn Sirin ne aka ruwaito hadisin Abu Huraira da ya kasa mafarki gida uku: bushara daga Allah, tsoratarwar Shaiɗan, da abin da rai ya wuni yana saƙawa. Wannan rabon kaɗai ya isa ya sa mai fassara ya yi taka-tsantsan. Littafin nan kuwa da ake sayarwa a bakin masallatai da sunansa, masana da yawa na ganin bayan rasuwarsa aka tattara shi.

A ƙasar Hausa, mafarkin da ya fi shahara shi ne na Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a 1794, inda ya ga Shehu Abdulƙadir Jilani ya ɗaura masa takobin gaskiya. Mai karatu ya lura, sai a 1804 aka yi hijira zuwa Gudu. Shekara goma Shehu ya ci gaba da karantarwa da wa'azi da rubutu.

Makahon malamin da Hausawa ba su mantawa kuwa shi ne Aliyu Namangi na Zariya, wanda ya rasu a 1990. Tun yana ƙarami ya rasa gani, ya yi karatu da kunne, ya tsara waƙar Imfiraji a ka, wasu suka rubuta, aka buga ta a Zariya. Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa na dakta. Makafi mabarata suka haddace baitocinta, suka yaɗa ta kasuwa-kasuwa, har ta iso zangonnin Ghana.

Mu dawo gida. Arewacin Ghana ya san makanta sosai. Wani ɗan baƙin ƙuda da ke hayayyafa a ruwa mai gudu na rassan kogin Volta ya daɗe yana makantar da manoma, har ƙauyuka suka tashi suka bar ƙasa mai albarka. A 1974 Hukumar Lafiya ta Duniya da abokan aikinta suka fara shirin yaƙi da cutar, aka yi ta feshi a koguna, daga baya aka kawo maganin Mectizan. Shirin ya rufe a 2002, bayan ya tsare idanun jama'a masu ɗimbin yawa. Cutar da a da ake kai wa masu duba, ashe ƙuda ne sanadinta.

A nan Tamale kuma, Afa Ajura, wanda ya kafa makarantar Anbariya ya kuma rasu a 2004, ya shafe shekaru yana wa'azi a kan duba da da'awar sanin gaibu. An yi muhawara mai zafi da shi, amma tambayar da ya tayar tana nan: wa ya ba ɗan Adam mabuɗin gobe?

Har yau masu saurare kan bugo waya gidan rediyo da mafarkin maciji ko faɗuwar haƙori, wasu ma sun riga sun kashe kuɗin cefane wajen mai duba. A gefe guda, ga yaro makaho an miƙa masa ƙoƙon bara, alhali akwai makarantar makafi a Wa, inda ake koyar da rubutun Braille. Ƙatada da Namangi sun kai inda suka kai ne don an zaunar da su gaban malami. Idan akwai irin wannan yaro a gidanku ko unguwarku, shi ma a kai shi.