Hamadou Djibo Issaka: Mai Lambun da Ya Zo na Ƙarshe a Landan

A ƙarshen watan Yulin 2012 ana cikin azumin Ramadan, damina kuma ta kankama. Kogin da ya biyo ta Wudil ya ratsa ƙasar Ajingi ya nufi Ringim ya kawo ruwa, masu fito suna ta ƙetarar da mutane da babura da buhuna kamar yadda suka gada. A ranar 28 ga watan, can a Ingila, a wani tafki da aka haƙa musamman domin tseren jirage a Eton Dorney, wani ɗan Nijar mai shekara 35 ya shiga siririn jirgi ya kama filafili biyu. Sunansa Hamadou Djibo Issaka, mutumin Yamai. Sana'arsa aikin lambu da kula da wurin ninƙaya, kuma watanni uku kacal ya yi yana horo a irin wannan jirgi kafin a tsayar da shi a layi ɗaya da gwanayen duniya.

Tsawon tseren mita 2,000 ne. Ya kammala cikin minti 8 da daƙiƙa 25, lokacin da sauran suka daɗe da tsayawa suna mayar da numfashi. Dubban 'yan kallo suka miƙe suna yi masa tafi da sowa har ya iso. Kafin gari ya waye jaridun Ingila sun raɗa masa sunaye, wasu suka ce da shi karen ruwa, wasu suka kwatanta shi da dabbar nan ta Kudancin Amurka da ta yi suna wajen nawa.

Duk wanda ya tashi a bakin kogi zai yi mamakin yadda ɗan garin da kogin Kwara ya raba biyu zai sha irin wannan kaye a kan ruwa. Amsar tana cikin jirgin. Matuƙin kwale-kwale yana fuskantar inda za shi, yana tura jirgi da doguwar sanda idan ruwa bai yi zurfi ba, ko ya ja da filafili ɗaya, ƙarfin kuwa daga kafaɗa da dantse yake fitowa. Jirgin tseren Olamfik na mutum ɗaya wata halitta ce daban. Tsawonsa ya kai mita 8, faɗinsa bai wuce mazaunin mutum ba, kuma doka ta yarda nauyinsa ya sauka har kilo 14, wato yaro ma zai iya ɗaga shi. Matuƙin yana juya wa inda ya nufa baya. Kujerar tana kan ƙananan tayoyi, tana zamewa gaba da baya, saboda haka cinyoyi ne ke yin mafi yawan aikin, hannu bi kawai yake yi. Filafilan biyu a ɗaure suke a jikin wasu ƙarafa da suka fito gefe da gefe, su ne kuma ke hana jirgin kifewa. In ɗaya ya nutse fiye da kima, sai mutum ya tsinci kansa a ruwa. Issaka ma ya kife a farkon koyonsa, iya iyo ne ya fisshe shi. Waɗanda ya kara da su sun shafe shekara goma ko fiye suna maimaita wannan motsi guda safe da yamma.

To, yaya aka yi ya je? Kwamitin Olamfik na Duniya yana ware 'yan gurabe na gayyata ga ƙasashen da ba su cika samun 'yan wasan da suka tsallake gasar share fage ba, don kada bikin ya zama na masu hali kaɗai. Nijar ta samu irin wannan gurbi a tseren jirgi alhali babu jirgin tsere ko ɗaya a ƙasar. Hukumomin wasanni suka duba cikin masu ninƙaya suka zaɓo Issaka, aka tura shi Masar, daga baya Tunisiya inda ake da cibiyar horar da matuƙa daga ƙasashen Afirka. Daga can sai Landan.

Abin da masu barkwanci suka tsallake shi ne ba sau ɗaya ya yi tseren ba. Tsarin gasar ba ya sallamar kowa: wanda ya faɗi a zagayen farko yana da zagayen sake dama, daga nan a ci gaba da karawa rukuni-rukuni har kowa ya san matsayinsa. Sau huɗu Issaka ya shiga ruwa tsakanin 28 ga Yuli da 3 ga Agusta, sau huɗu yana zuwa na ƙarshe, a tsere na uku ma sai da ya haura minti 9. Ya ƙare na 33 cikin mutum 33. A ranar da ya yi tserensa na ƙarshe ne Mahé Drysdale na ƙasar New Zealand ya ci zinare, shi kuwa bai cika minti 7 ba. Shan kaye a bainar jama'a sau ɗaya tsautsayi ne. Mutum ya kwana ya tashi ya koma, ya san sarai abin da zai faru, har sau uku, wannan yana buƙatar wata irin zuciya da ba kowa ke da ita ba.

Ba kowa ne abin ya burge ba. Steve Redgrave, Baturen Ingilan da ya ci zinare a gasannin Olamfik biyar a jere daga 1984 zuwa 2000, ya nuna rashin jin daɗinsa, yana ganin akwai ƙwararru a wasu ƙasashe da aka bari a gida. Hukumar wasan ta duniya ta mayar da martani cewa gurbin ƙari ne, ba a ƙwace na kowa ba. A ganina kowanne yana da gaskiyarsa, amma dukansu sun kauce wa tambayar da ta fi shafar mu. Redgrave yana kare martabar gasa, hukumar tana kare manufarta ta yaɗa wasan. Babu wanda ya tambayi abin da ya sa ake tura mutum fagen duniya da horon wata uku, ko abin da zai tarar idan ya koma gida. Mu 'yan jarida ma mun yi abin da muka saba: mun ɗauko labarin Eric Moussambani na Equatorial Guinea, wanda ya yi ninƙayar mita 100 da ƙyar a Sidni a 2000, muka liƙa wa sabon mutum, muka yi dariya mai haɗe da tausayi, muka wuce.

Issaka ya ce yana da burin zuwa Riyo a 2016, jami'an ƙasarsa kuma suka yi maganar jiragen da za a kawo. Makonni kaɗan bayan an rufe gasar, kogin Kwara ya yi ambaliyar da Yamai ta daɗe ba ta ga irinta ba, ya cinye gidaje da gonakin bakin ruwa. Da lokacin Riyo ya zo, babu sunansa a cikin tawagar Nijar. Wanda ya ɗaga tutar ƙasar a can shi ne Abdoul Razak Issoufou Alfaga, da lambar azurfa a wasan taikwando, ta biyu a tarihin Nijar bayan tagullar da ɗan dambe Issaka Daboré ya ciwo a 1972.

Sai dai tseren na Dorney ya haihu a inda ba a zata ba. Cikin waɗanda suka kalle shi akwai Chierika Ukogu, haifaffiyar Filadelfiya wadda iyayenta 'yan Nijeriya ne, tana tuƙi a ƙungiyar Jami'ar Stanford. Ganin Issaka ne ya sa ta ƙudurta tsaya wa Nijeriya. Ta jinkirta shiga makarantar koyon likitanci, ta samu gurbi a gasar share fage ta Afirka a Tunis a 2015, ta tara kuɗin shiri ta hanyar neman taimakon jama'a a intanet, ta zama ta farko da ta wakilci Nijeriya a wannan wasa a Olamfik, inda ta zo ta 20. Esther Toko ta biyo bayanta a gasar Tokiyo.

A Arewa ba mu rasa ruwa ba, ba mu rasa gwanayensa ba. Jihar Kano tana da Tiga tun 1974 da Challawa tun 1992, kowanne ya ninka tafkin Dorney sau da yawa, Argungu kuma ta daɗe tana tseren kwale-kwale a bikin kamun kifinta. Amma yaron da ke riƙe da filafili a mashigin Ajingi ba ya shiga labarai sai ranar da jirgi ya kife, kamar yadda ya faru a madatsar Watari ta Bagwai ranar 30 ga Nuwamban 2021, inda aƙalla mutum 29 suka rasu, akasarinsu 'yan makarantar Islamiyya da ke kan hanyar zuwa Mauludi.