Hajiya Balaraba Ramat Yakubu: Alƙalamin da ke Bayan Kyamara

'Yan uwa mazauna birane, da wuya a sami gida a cikinmu wanda ba a kallon fim ɗin Hausa. 'Ya'yanmu sun haddace sunayen 'yan wasa, amma kaɗan ne ke tsayawa su karanta sunan wanda ya tsara labari, ko furodusan da ya nemo kuɗi ya tara ma'aikata. Alhali kuwa ruwa ba ya tsami banza. Duk fim mai ma'ana akwai alƙalami a bayansa. Saboda haka bana muka ga ya dace mu waiwayi tarihin ɗaya daga cikin masu aikin bayan fage.

An haifi Hajiya Balaraba a Kano a 1959. Ƙanwa ce ga marigayi Janar Murtala Ramat Muhammed, shugaban ƙasar da aka kashe a 1976. Tana da shekara 13 aka cire ta daga makaranta aka yi mata aure, auren da bai daɗe ba. Daga baya ta koma neman ilimi a ajin manya, ta kuma riƙi Hausa a matsayin harshen rubutunta.

Littafinta na farko, Budurwar Zuciya, ya fito a 1987. A 1990 ta fitar da Alhaki Kuykuyo Ne, labarin Rabi wadda mijinta ya kore ta da 'ya'ya tara bayan ya yi amarya, ta shiga sayar da abinci don ta riƙe su. Wa Zai Auri Jahila? kuwa labarin Abu ne, yarinyar da aka raba da karatu aka aurar wa tsoho. Tana cikin ƙungiyar marubuta ta Raina Kama tare da su Ado Ahmad Gidan Dabino.

A wannan shekara ta 1990 ne ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya, fim ɗin da ya buɗe kasuwar bidiyo a Kano. Sabuwar sana'ar tana da kyamara da 'yan wasa, amma tana ƙishin labari, sai ta juya ga marubuta. A 1998 Abdulkarim Muhammad ya mayar da littafinta fim mai suna Alhaki Kwikwiyo. Ita ma ta shiga shirya finafinai da kanta, ciki har da Wata Shari'ar Sai a Lahira. A 2017 ta rubuta ta kuma shirya Juyin Sarauta, fim a kan rikicin gadon mulki a masarautar Hausa ta dauri, wanda ya sami lambobin yabo da dama. Kafin nan, a 2012, kamfanin Blaft na ƙasar Indiya ya buga fassarar labarin Rabi da Turanci, wadda Aliyu Kamal ya yi.

Abin lura a nan shi ne, fim ɗin Hausa daga littafi ya sha nono. Ɗan wasa yakan yi tashe ya wuce, amma abin da za a faɗa wa al'umma marubuci da furodusa ne ke yanke shi. In muna kukan cewa wasu finafinai sun kauce wa al'adunmu, to gyara daga rubutu zai faro. Mu koya wa 'ya'yanmu, maza da mata, karatu da rubutun Hausa ko da a birni suka tashi, mu kuma saba musu da karanta sunayen da ke bayyana a ƙarshen fim. Allah ya ƙara wa Hajiya lafiya, amin.