Ƙarar kwangilar hanya: yadda kamfanin da aka kayar ke neman haƙƙinsa a Nijar

Kwangilar shimfiɗa kwalta na daga cikin ayyukan da suka fi cin kuɗin gwamnati, shi ya sa da wuya a ba da babba ba tare da wani ya yi ƙorafi ba. Doka ta ba kamfanin da ya shiga takara aka kayar da shi damar ƙalubalantar sakamakon. Sai dai ƙofar ƙanƙanuwa ce, kuma ba ta daɗewa a buɗe.

Tushen tsarin shi ne ƙa'idoji biyu da ƙungiyar UEMOA ta amince da su a watan Disamba na 2005. Sun wajabta wa kowace ƙasa ta raba mai ba da kwangila da mai sa ido, ta kuma kafa inda za a kai kuka. A Nijar wannan aiki ya daɗe a hannun hukumar ARMP, wadda dokar ƙarshen 2022 ta mayar ARCOP. A cikinta akwai kwamitin warware saɓani, CRD, mai wakilan gwamnati, na ƴan kasuwa da na ƙungiyoyin farar hula.

Ba a fara zuwa Yamai kai tsaye. Dole kamfani ya fara rubuta wa wanda ya ba da kwangilar, ko ma'aikata ce ko magajin gari, cikin kwanakin aiki 5 da sanar da shi sakamako. Idan an ƙi buƙatarsa, ko aka yi shiru har kwanakin aiki 5, to yana da kwanakin aiki 3 kacal ya shigar da ƙara gaban CRD. Nan ne da yawa ke faɗuwa. Ɗan kwangilar da ke Damagaram ko Tawa, wanda ya tsaya neman wani babba ya sa masa baki, kafin ya farga lokaci ya wuce, sai a kori ƙararsa ba tare da an ma duba gaskiyarta ba.

Abin da kwamitin ke dubawa shi ne ko an bi sharuɗɗan da aka rubuta a kundin takara tun farko. Kuka mafi yawa shi ne «ni na fi araha, amma aka ba wani». Wannan kaɗai ba hujja ba ne. Aikin hanya yana neman takardar lamunin banki, shaidar biyan haraji, manyan injina, injiniyoyi, da tabbacin cewa kamfani ya taɓa yin irinsa. Wanda ya rasa ɗaya ana iya fitar da shi tun kafin a kwatanta farashi. Haka kuma farashin da ya yi ƙasa fiye da kima abin tuhuma ne, domin sau da yawa shi ke haifar da hanyar da aka fara aka bari. Ƙarar da ke yin nasara ita ce wadda ta nuna an ƙirƙiro sabon sharaɗi bayan buɗe ambulan, ko an yafe wa wani abin da aka kori wani a kansa.

Da zarar an karɓi ƙara, ana dakatar da ba da kwangilar har a yanke hukunci. Kwamitin na iya sa a sake tantance takardu, ko a soke takarar. Ba ya miƙa aikin ga mai ƙara don kawai ya yi nasara. Wanda bai gamsu ba yana iya zuwa gaban alƙalin da ke shari'ar hukumomi, amma can tafiyar ta fi tsawo.

Idan Bankin Duniya ne ya ba da kuɗin, a manyan ayyuka akwai jiran kwanakin aiki 10 tsakanin sanar da wanda aka zaɓa da ba shi kwangilar, don masu ƙorafi su yi magana. Kwangilar da aka ba da ba tare da takara ba kuwa, wato gré à gré, ita ta fi wuyar ƙalubalanta, tunda babu abokin takarar da aka kayar.

Ga talaka mai bin hanyar Doso zuwa Maraɗi, lissafin na damina ne. Takarar da aka soke a watan Afrilu sai an sake ta daga farko, kuma da ruwa ya sauka a Yuni aikin ƙasa yana tsayawa kusan har Oktoba.