Balaraba Ramat Yakubu: matar da sunanta ke fitowa bayan kowa ya tashi

Yau zan fara da tona wa kaina asiri. Lokacin da muke yara a Daura, in aka sa kaset ɗin fim a gidan maƙwabta, da zarar sunaye sun fara hawa a ƙarshe sai mu kwashe takalma mu watse. Jarumai muka sani. Wanda ya rubuta labarin da wanda ya zuba kuɗinsa, ko oho. Sai da na girma na gane cewa a cikin irin sunayen nan da muke gudu akwai na Hajiya Balaraba Ramat Yakubu.

'Yar Kano ce, ƙanwar marigayi Janar Murtala Ramat Muhammad, shugaban ƙasar da aka kashe ranar 13 ga Fabrairu 1976. Za ka ɗauka gata ya kai ta jami'a, ko? Ina! Tana ƙarama aka cire ta daga makaranta aka yi mata aure, auren bai daɗe ba ya mutu. Da girmanta ta koma ajin yaƙi da jahilci. Wannan matar ce ta fitar da Budurwar Zuciya a 1987, sannan Alhaki Kuykuyo Ne da Wa Zai Auri Jahila? a 1990. Tana cikin ƙungiyar marubuta ta Raina Kama tare da su Ado Ahmad Gidan Dabino. A shekarar 1990 ɗin nan ne kuma ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya, wanda ake ƙirga farkon finafinan bidiyo na Hausa da shi. Kun ga littafi da kaset tare suka tashi a gari ɗaya.

Alhaki Kuykuyo Ne labarin Rabi ne, matar da mijinta ɗan kasuwa, Alhaji Abdu, ya yi wa kishiya, ya kore ta da 'ya'ya tara, ta koma sayar da abinci tana riƙe su. A 1998 Abdulkarim Muhammad ya mayar da shi fim. A 2012 kuma wani kamfanin ɗab'i a Indiya, Blaft, ya buga fassararsa ta Turanci wadda Aliyu Kamal ya yi.

To amma ni abin da ya fi burge ni, ba ta tsaya a miƙa wa wasu labari ba, ta zama furodusa da kanta. Matasa da yawa suna ɗauka furodusa shi ne mai zama a kujera yana ba da umarni. A'a. Shi ke nemo kuɗi, ya ɗauko darakta, ya biya kayan aiki da abincin ma'aikata, in fim ya faɗi a kasuwa kuma shi ke kwana da bashi. Marubucin da ya sayar da labari ba shi da ta cewa in an sauya masa ƙarshe. Wanda ya biya kuɗin kyamara shi ke da wuƙa da nama.

Ku nemi fim ɗinta Juyin Sarauta, labarin fada na zamanin da, wanda Gidan Dabino ya fito a ciki. Irin wannan aiki ba a yin sa a falon haya, sai an nemo dawaki, rawuna da gine-ginen ƙasa, kowanne da kuɗinsa. Ina kallonsa ina tuna Daurama da rijiyar Kusugu, ina lissafin abin da zai ci wa duk wanda ya ce zai ɗauki namu labarin haka.

Mu haɗu a shiri na gaba, in Allah ya kai mu.