Rahi Masoom Raza: Musulmin da Ya Rubuta Mahabharat na Talabijin

Masu kallon finafinan Indiya a Kano da Damagaram da Maraɗi sun san fuskokin jarumai, amma da wuya a sami wanda zai faɗi sunan mutumin da ya sa wa jarumin magana a baka. Rahi Masoom Raza na cikin irin waɗannan marubuta.

An haife shi a 1927 a ƙauyen Gangauli da ke gundumar Ghazipur, a jihar Uttar Pradesh, cikin gidan Musulmi 'yan Shi'a. Ya yi digirin digirgir a Jami'ar Musulmi ta Aligarh, kuma da waƙar Urdu aka fara saninsa. A 1966 ya fitar da littafinsa Aadha Gaon, wato "rabin ƙauye", labarin yadda raba Indiya da Pakistan a 1947 ya wargaza zumuncin mutanen garinsu. Ba da daɗewa ba ya koma Bombay neman abinci a masana'antar fim.

A can aikin rubutu kashi-kashi ne: wani ya ƙago labari, wani ya tsara shi fitowa-fitowa, wani kuma ya rubuta zantukan 'yan wasa. Wannan na ƙarshen shi ne fagen Rahi. Shi ya rubuta zantukan Gol Maal na 1979 da Karz na 1980 da Lamhe na 1991, kuma ya ci lambar Filmfare saboda Main Tulsi Tere Aangan Ki na 1978.

Sai dai a talabijin sunansa ya fi tabbata. Lokacin da B. R. Chopra ya ƙuduri mayar da Mahabharata, doguwar waƙar tarihi ta mabiya addinin Hindu, wasan talabijin, Rahi ya nema. Da farko ya ba da uzurin yawan aiki. Da labari ya bazu, sai wasiƙu suka yi ta zuwa wa Chopra ana tambayarsa ko marubutan Hindu sun ƙare ne da zai ɗauko Musulmi. Chopra ya tura masa wasiƙun. Su ne suka sa ya karɓi aikin, yana mai cewa shi ma ɗan kogin Ganga ne, gadon nasa ne kamar na kowa.

Matsalar da ta fi wasiƙun wuya ita ce ta harshe. Asalin littafin da Sanskirit yake, wanda talaka ba ya ji; Hindin kasuwa kuwa bai dace da bakin sarakunan dauri ba. Rahi, tare da Pandit Narendra Sharma, ya nemo tsaka-tsaki: Hindi mai nauyi da kwarjini, amma wanda manomi zai fahimta. Kalmomin girmamawa irin su pitashri ga uba da matashri ga uwa sun fita daga shirin suka shiga bakin jama'a. Aka kuma mai da Lokaci kansa mai ba da labari a farkon kowane kashi, dabarar da ta ba marubuci damar yin sharhi ba tare da ya taɓa nassin ba. A ganina nan gwanintarsa ta fi bayyana.

Tashar gwamnati ta Doordarshan ta nuna shirin kashi 94, daga Oktoban 1988 zuwa Yunin 1990, kowace safiyar Lahadi, tituna na yin tsit. A waɗannan shekarun ne kuma rikicin masallacin Babri a Ayodhya ke ƙara zafi. Rahi ya rasu a Bombay ranar 15 ga Maris, 1992. An rushe masallacin ranar 6 ga Disamba na wannan shekarar.